Wa Kwamfutarka Ta Yarda Da Shi? Yadda Ake Duba Takardun Shaidar Tsaro

Duk wanda ya taɓa zama a shagon kwamfuta a Kanya Babba ko Babura ko Kazaure lokacin da ɗalibai ke layin fitar da sakamakon JAMB ko biyan kuɗin makaranta ta Remita, ya san gargaɗin nan da kan tare shafi: jar alama mai kusurwa uku, da rubutun Turanci mai cewa haɗin ba na sirri ba ne. Ya kuma san abin da aka saba yi masa. Mai shago zai danna Advanced, ya danna layin ƙasa da ke ba shi damar wucewa, aiki ya ci gaba ba tare da kowa ya tambayi dalili ba. In abin ya ishe shi, sai ya kira mai gyara ya sa masa wani fayil da zai kashe gargaɗin gaba ɗaya. A ganina duka biyun kuskure ne, na biyun kuma ya fi muni nesa ba kusa ba. Gargaɗin yana fitowa ne daga wata ma'ajiya a cikin kwamfutar, inda aka jera sunayen waɗanda na'urar ta yarda da shaidarsu. Wanda ke riƙe da kwamfutar da jama'a ke shigar da NIN da BVN da lambar katin banki a kanta, wajibi ne ya iya buɗe ma'ajiyar nan ya karanta ta. Karantawar ce kusan dukan aikin, domin abin da ya kamata a taɓa a ciki kaɗan ne ƙwarai.

Takardar shaidar tsaro, wadda masu gyara ke kira satifiket, ɗan ƙaramin fayil ne. Yana ɗauke da sunan shafin da aka ba wa, da sunan kamfanin da ya bayar, da ranar da ya fara aiki da ranar da wa'adinsa zai ƙare, da wani mabuɗin lissafi da ake amfani da shi wajen kulla hanyar sirri tsakaninka da shafin. Amfaninsa biyu ne: ya tabbatar maka cewa shafin da ka buɗe shi ne mai sunan da ka rubuta, ya kuma hana wanda ke tsakani, ko mai wayfai ne ko wani daban, karanta abin da kake aikawa. Abin ya yi kama da yadda ake samun takardar shaidar zama ɗan ƙaramar hukuma. Mai unguwa ne ya san ka, dagaci ya san hannun mai unguwa, hakimi ya san hatimin dagaci, sakatariya kuma ta san hatimin hakimi, don haka ma'aikacin da bai taɓa ganin fuskarka ba zai karɓi takardar. Haka takardar shafi take: wani kamfani na tsakiya ne ya sa mata hannu, shi kuma wata babbar takarda da ake kira tushe ce ta tsaya masa. Tushen ba wanda ya tsaya masa. Shi ya sa wa kansa hannu. An yarda da shi ne kawai saboda yana cikin jerin da Microsoft ko Apple ko Google ko Mozilla suka tantance suka zuba a na'urarka. Ke nan duk wanda ya iya cusa nasa tushe cikin jerin nan, ya zama mai hatimin da kwamfutarka ba za ta ƙara tuhuma ba.

Mafi sauƙin farawa shi ne duba takardar shafin da kake kai. A Chrome, danna 'yar alamar da ke hagun adireshi, ka shiga layin da ke magana a kan tsaron haɗi, sannan layin da ke ambaton satifiket. Tun 2023 Chrome ya cire hoton kwaɗo daga wurin ya sa wata alama mai kama da maɓallan saiti, amma Firefox da Edge suna buɗe irin wannan bayani daga wuri guda. Abu uku za ka karanta. Wa aka ba wa takardar, kuma sunan ya dace da adireshin da ke sama? Wa ya bayar? Yaushe wa'adinta zai ƙare? Wanda ya yi haka a shafuka goma da ya saba shiga zai fara gane sunayen da ke maimaituwa, irin su DigiCert da Sectigo da GlobalSign da Let's Encrypt da Google Trust Services. Sanin sunayen nan shi ne jarin farko, domin ranar da ka ga takardar shafin bankinka ta fito daga wani suna da ba ka taɓa gani ba, za ka tsaya.

Ma'ajiyar kanta kuwa, a Windows, ana buɗe ta ne ta danna maɓallin Windows tare da harafin R, a rubuta certmgr.msc a akwatin da ya fito. Wannan yana nuna takardun da ke aiki ga wanda ya shiga kwamfutar da sunansa. Na dukan na'urar, wanda ke shafar kowa da kowa, ana buɗe shi da certlm.msc, kuma sai da izinin mai kula da kwamfutar. A hagu za ka ga manyan aljihuna. Personal na takardunka ne na kanka, kuma a yawancin kwamfutocin gida ba komai a ciki. Intermediate Certification Authorities na kamfanonin tsakiya ne. Untrusted Certificates na waɗanda aka haramta ne. Wanda ya fi kowanne muhimmanci shi ne Trusted Root Certification Authorities, aljihun tushe. Buɗe shi za ka ga jeri mai ginshiƙai: wanda aka ba wa, wanda ya bayar, ranar ƙarewa, da abin da aka yarda a yi da takardar. A nan ginshiƙi na farko da na biyu kusan kullum suna ɗaya ne, tunda tushe shi ke sa wa kansa hannu. Danna kowace sau biyu, taga mai shafi uku za ta buɗe: na farko bayani a taƙaice, na biyu cikakken bayani har da wata doguwar lamba da ake kira zanen yatsan takardar, wadda babu takardu biyu da ke tarayya a kanta, na uku kuma silsilar waɗanda suka tsaya mata. Mai amfani da Mac zai sami irin wannan a Keychain Access. Firefox yana da tasa ma'ajiyar daban a cikin saitin tsaronsa, Chrome ma tun 2022 yana tafe da nasa jerin tushe, amma har yanzu yana amincewa da abin da aka ƙara da hannu a ma'ajiyar Windows, don haka duba ta bai zama tsohon yayi ba.

Kafin a zargi kowa, a duba agogo. A yankinmu wannan ne ya fi jawo gargaɗin, kuma dalilin a fili yake. Yawancin kwamfutocin da ke aiki daga Roni zuwa Gwiwa na hannu ne, an sayo su a Beirut Road ko Farm Centre a Kano bayan sun yi shekaru a wata ƙasa. A jikin allon cikinsu akwai wani ɗan batir mai faɗin kwabo, a kwamfutar tebur galibi CR2032, wanda aikinsa riƙe lokaci idan an kashe na'ura. In ya mutu, duk sanda aka ɗauke wuta ko janareta ya tsaya, agogo sai ya koma wata tsohuwar shekara. Kwamfutar da ke zaton tana 2012 za ta ga takardar da aka bayar bana a matsayin wadda lokacinta bai zo ba, ta ƙi ta, ko da kuwa ta fi kowace inganci. Alamar wannan matsala ita ce gargaɗin ya fito a kusan kowane shafi, har da Google, kuma a ƙarƙashinsa ka ga lambar kuskure mai ɗauke da DATE_INVALID. Maganin shi ne a gyara rana da wata da shekara, a zaɓi lokacin Afirka ta Yamma ta Tsakiya mai ƙarin awa ɗaya a kan na Greenwich, a kunna daidaita lokaci daga intanet, sannan a sauya batirin. A kula wajen rubuta kwanan wata, domin kwamfutar da ta zo daga Amurka tana farawa da wata kafin rana, sai mutum ya so rubuta 3 ga Oktoba ya ƙare da 10 ga Maris. Wannan gyara na 'yan mintoci zai ƙara muhimmanci nan gaba. A Satumbar 2020 aka ƙayyade kada takardar shafi ta wuce kwana 398, kuma a Afrilun 2025 ƙungiyar kamfanonin bayar da takardu da masu burauza ta amince a riƙa rage wa'adin mataki-mataki har ya kai kwana 47 a 2029. Da tsohon tsari, agogon da ya kauce da wata biyu kan tsira a wasu shafuka. Da sabon, ba zai tsira ba.

Sai tsufan Windows. Tushe ma yana da wa'adi, kuma sababbi suna shigowa ne ta hanyar sabunta na'ura. A ranar 30 ga Satumba 2021 wa'adin wani tushe mai suna DST Root CA X3 ya ƙare. Shi ne wanda Let's Encrypt, ƙungiyar da ke bayar da takardu kyauta tun 2015, ta daɗe tana jingina da shi. Na'urorin da ake sabuntawa sun riga sun karɓi magajinsa, ISRG Root X1, ba su ji komai ba. Tsofaffin da aka kashe musu sabuntawa kuwa sun wayi gari suna ƙin shafuka masu ɗimbin yawa. Microsoft ta daina tallafa wa Windows 7 a Janairun 2020, Chrome ya tsaya a kanta a sigarsa ta 109, tallafin Windows 10 na gama-gari kuma ya ƙare ranar 14 ga Oktoba 2025. Na san dalilin da ke sa ake kashe sabuntawa: data tana da tsada, sabis ba ya da ƙarfi a ƙauye, wasu Windows ɗin kuma ba na asali ba ne. Amma kwamfutar da ake karɓar kuɗin jama'a ana yi musu rajista a kanta ba ta cikin waɗanda za a yi wa wannan tsimi. In ba za ta ɗauki sabuwar Windows ba, a bar ta ga buga takardu, a nemi wata don shiga shafukan kuɗi.

Inda haɗarin gaske yake shi ne tushen da wani ya ƙara. Ba hasashe ba ne. A Fabrairun 2015 aka gano cewa kamfanin Lenovo ya sayar da wasu kwamfutocin tafi-da-gidanka ɗauke da manhajar talla mai suna Superfish, wadda ta dasa nata tushe domin ta buɗe sirrin shafuka ta cusa talla. Mabuɗin sirrin tushen iri ɗaya ne a dukan na'urorin, kuma cikin ƙanƙanin lokaci masu bincike suka ciro shi, abin da ke nufin duk wanda ya samu zai iya ƙirƙiro takardar bogi ta kowane banki, waɗannan kwamfutoci su karɓa ba gargaɗi. A Nuwambar shekarar aka sami irin haka a wasu kwamfutocin Dell, da tushe mai suna eDellRoot. A 2019 gwamnatin Kazakistan ta nemi 'yan ƙasarta su sa wata takardar gwamnati a na'urorinsu, wadda ke ba da damar karanta abin da suke yi a Facebook da Google, har sai da Google da Mozilla da Apple suka toshe ta. Kwamfutocin Lenovo da Dell na waɗancan shekaru suna cikin irin da ke yawo a kasuwanninmu na kayan hannu. Ƙari a kan haka, manhajojin sata da ake kwafa daga filash zuwa filash, da wasu manhajojin da ke alƙawarin intanet kyauta, suna iya neman a sa musu tushe. Windows tana fito da taga mai gargaɗi kafin ta karɓi sabon tushe a ma'ajiyar mai amfani, tana tambaya ko ka yarda. Amsar ita ce a'a, sai fa in kana aiki a wata ma'aikata ko makaranta da jami'in kwamfutarta ya ba ka takardar hannu da hannu, ya kuma gaya maka zanen yatsanta ka gwada.

Gane baƙon tushe da ido kaɗai yana da wuya ga sabon shiga, tunda sunayen duk baƙi ne. Amma akwai alamu. Tushen da ke ɗauke da sunan wata manhaja ko sunan kwamfutar kanta abin tsayawa ne. Haka wanda shafinsa na farko ya nuna hoton ɗan mabuɗi tare da cewa kana da mabuɗin sirrinsa: kamfanin gaske ba ya barin mabuɗin tushensa a kwamfutar kowa. Haka in ka duba shafuka daban-daban, na banki da na Google da na makaranta, ka ga duk suna ɗaya ne ya ba su takarda. Wannan na nufin wani abu ya zauna tsakaninka da intanet. Wani lokaci manhajar kariya ce, domin Avast da Kaspersky da ESET suna dasa nasu tushe don su binciki abin da ke shigowa, kuma sunansu yana fitowa ƙarara. In kai ka sa manhajar da saninka, ba laifi. In ba ka san da ita ba, ko an cire ta tuntuni amma tushenta ya saura, to a yi maganinsa. Hanya mafi tabbas ita ce wata 'yar manhajar Microsoft ta kyauta mai suna Sigcheck. In aka gudanar da ita da umarnin sigcheck -tv tana sauko da jerin Microsoft ta gwada da na kwamfutarka, ta fito da waɗanda ba sa ciki kawai. Umarnin sigcheck -tuv kuma yana yin haka ga ma'ajiyar mai amfani. Ɗaliban kwamfuta na kwalejin Hussaini Adamu da ke Kazaure ko na jami'ar fasaha ta tarayya da ke Babura za su iya yi wa shagunan garuruwansu wannan bincike cikin minti goma.

In an sami abin zargi, kada a yi gaggawar gogewa. A fara da ajiye kwafi: danna dama a kan takardar, All Tasks, sannan Export, a ajiye ta a matsayin fayil mai ƙarewa da .cer. Daga nan a shiga Properties a zaɓi kashe dukan ayyukanta, ko a ja ta zuwa aljihun haramtattu. A nemo manhajar da ta dasa ta a cire, in ba haka ba za ta sake dasawa. Sannan a sauya kalmomin sirrin da aka shigar a kwamfutar, daga wata na'ura mai tsabta. Akwai masu cewa me zai hana a share duk wanda ba a sani ba da duk wanda wa'adinsa ya ƙare, a huta. Wannan shawara tana lalata na'ura. Microsoft da kanta ta bar wasu tushe da suka ƙare tun shekarun baya a ciki da gangan, domin da su ake tabbatar da sa hannun tsofaffin manhajoji da direbobi, kuma ta yi gargaɗin kada a cire su.

Wani zai ce duk wannan na manyan birane ne, me mutumin Kanya Babba yake da shi da ɓarawon intanet zai nema? Yana da abin da ake nema ɗin. NIN da BVN da lambar waya da ranar haihuwa sun isa a gwada karɓar bashi ko buɗe asusu da sunan mutum, kuma ɗalibin makarantar kimiyya ta garin da ya zo duba sakamako, da manomin riɗin da ya zo cike fom ɗin tallafi, duk a kwamfuta ɗaya suke zuba waɗannan bayanai. Kwamfutar mutum ɗaya a birni sirrin mutum ɗaya take riƙe da shi. Ta shagon ƙauye tana riƙe da na unguwanni. Tun 2023 kuma Najeriya tana da dokar kare bayanan jama'a, wadda ta ɗora nauyi a kan masu sarrafa bayanan wasu, ban da nauyin amana da addini ya riga ya ɗora.

Hujjar da ta fi ƙarfi ga masu wuce gargaɗin ita ce ta wa'adi. Gaskiya ne wasu shafukan hukumomi da makarantu kan bar takardarsu ta ƙare ba su sabunta ba, ga shi gobe za a rufe rajista, ga yaro a tsaye da kuɗinsa. Ba zan ce a mayar da shi gida ba tare da an gwada komai ba, amma a bambance. A buɗe shafin a waya da datar wani layin daban. In wayar ma ta yi gargaɗi, kuma takardar ta nuna sunan shafin daidai, daga kamfanin da aka sani, wa'adi ne kawai ya wuce da 'yan kwanaki, to sakacin masu shafin ne, kuma karanta sanarwa a kai ba wani babban haɗari ba ne. Shigar da lambar kati ko kalmar sirri kuwa gara a jira, ko a biya ta banki. In kuwa wayar ta buɗe lafiya amma kwamfutar ta ƙi, kuma lambar kuskuren tana ɗauke da AUTHORITY_INVALID, matsalar a kwamfutar take ko a wayfai ɗin, kuma nan ne wucewa ya fi haɗari.

Akwai kuma mai tambayar me ya sa za mu miƙa amana ga kamfanonin ƙasashen waje da ba mu sani ba, alhali su ma suna kuskure. Suna yi. A 2011 aka kutsa cikin kamfanin DigiNotar na ƙasar Holan aka fitar da takardun bogi sama da 500, aka yi amfani da ta Google wajen leƙen asirin mutane a Iran. Amma a duba abin da ya biyo baya: masu burauza sun cire kamfanin daga jerinsu, cikin Satumbar shekarar ya durƙushe. A 2018 an janye amincewa daga takardun Symantec, duk da girmansa, a 2024 kuma Chrome ya yi wa Entrust haka. Tun 2018 Chrome yana buƙatar a rubuta kowace takardar da waɗannan kamfanoni suka bayar a kundin da kowa zai iya dubawa. Tsarin yana da masu sa ido da hukunci. Tushen da aka dasa maka daga filash ba ya cikin kundin kowa, kuma wannan ƙa'idar ba ta hawa kansa. Abin da tsarin bai yi alƙawari ba shi ne gaskiyar mai shafi. Ɗan damfarar da ya buɗe shafin ɗaukar aiki na bogi ya yaɗa a WhatsApp yana iya samun takarda mai inganci kyauta a kan sunan da ya yi rajista, don haka karanta adireshin harafi-harafi, a ga ko ya ƙare da .gov.ng ko .edu.ng kamar yadda ake tsammani, aiki ne da takarda ba ta ɗauke wa kowa ba.

Aljihun Personal yana da nasa hukunci. Ma'aikacin da ofishinsa ya ba shi takardar sa hannu ko ta shiga wata hanyar aiki zai same ta a nan tare da mabuɗin sirrinta. In zai koma sabuwar kwamfuta, zai fitar da ita a fayil mai ƙarewa da .pfx, kuma Windows za ta nemi ya sa mata kalmar sirri. Fayil ɗin nan daidai yake da sa hannunsa, don haka ba a tura shi ta WhatsApp, ba a barinsa a filash ɗin da ke yawo a shago. Kafin a sayar da kwamfuta ko a kai ta gyaran da za ta kwana, a fitar da irin waɗannan takardu a goge su daga ciki. Wanda ya sayi ta hannu kuma, mafi aminci shi ne ya sake zuba mata Windows daga wurin Microsoft kai tsaye kafin ya shigar da komai nasa. Wayar Android ma tana da irin wannan ma'ajiya a cikin saitin tsaro, ƙarƙashin Trusted credentials, an raba ta gida biyu, System da User. Na farkon na kamfani ne, a bar shi yadda yake. Na biyun a wayar yawancin mutane ya kamata ya zama babu komai, kuma duk abin da aka gani a ciki wanda mai wayar bai san lokacin da ya sa ba, a danna shi a cire.